Shekarar da Na Ɗora Gonar Gado a Kan Bashin Nomau

A duk shekarun da na yi ina awon hatsi a kasuwar Gidan Amumune, akwai guda ɗaya da ba na so ku ji labarinta daga bakin kowa sai nawa. Mutanen garinmu kowa da yadda yake ba da shi. Masu sona suna cewa zalunci aka yi mini, abokan wasana suna cewa son yabo ne ya kai ni, innarku kuwa in an taso da zancen sai ta miƙe ta tafi duba tukunyar da babu komai a cikinta. Dukansu akwai inda suka yi gaskiya, amma babu wanda ya san abin tun daga tushe. A lokacin waɗansunku suna goye, waɗansu ba a ma haife su ba, babbanku Sani kuma yana karatu a Maradi. Yanzu da idona ya fara raguwa, ga shi kuma na koyi rubutun boko da furfurata, gara in zauna in rubuta shi yadda ya faru, har da wuraren da ba su yi mini daɗin faɗa ba.

Mahaifinmu ya rasu ya bar mu mu biyu, ni da gwaggonku Hure, ya kuma bar mana gona ɗaya a gabas da gari, wadda ake kira Gonar Gawo. Ba mu raba ta ba. A wajenmu, wanda ya nemi a raba gado alhali ana zaune lafiya, ana yi masa kallon wanda ya gaji da ɗan'uwansa. Hure ta yi aure a wani ƙauye can wajen Tasawa, da mijinta ya rasu ta dawo gida da ƴaƴa huɗu. Tun daga damanar farko ta kama ɓangaren arewa tana nomawa, gero da wake da ɗan yakuwa a gefe. Daga nan take ci, daga nan take ɗinka wa ƴaƴanta kayan salla, ba ta taɓa zuwa ƙofata ta ce in auna mata hatsi ko tiya ɗaya ba. Shekarar da masu rubuta gonaki suka zo garinmu, aka tara mu a ƙofar mai gari, ana kiran gida gida. Da aka zo kanmu, mai rubutun ya ɗaga kai ya ce sunan wa za a sa. Ban kai ga buɗe baki ba Hure ta amsa daga cikin mata:

"A sa na Yaya Sallau mana. Shi na ubanmu yanzu. In ba shi ba, wa?"

Haka kowane gida ya yi, sunan babba aka sa. Kowa ya san takardar ta babba ce, gonar kuwa ta gida ce. Ni ma na sani sarai. Sai dai takarda in ta daɗe a hannun mutum da sunansa a kai, a hankali zuciyarsa takan fara gaya masa wani abu dabam.

Nomau abokina ne tun na kaciya, rana ɗaya aka zaunar da mu. Shi ya shiga fataucin wake, yana saye a ƙauyukanmu da kaka yana kaiwa Tasawa, daga can kaya su wuce kudu. Mutum ne mai dariya, in ya shigo rumfa sai kowa ya matsa masa wuri. Ba kuwa mugu ba ne, kada wani ya gaya muku haka. Ranar da haihuwar Rabi ta zo wa innarku da gardama, shi ya sauke kayansa a tsakiyar hanya ya ɗauke ta a tsohuwar motarsa har Mayahi, ko kuɗin mai bai karɓa ba. Wata ranar kasuwa bayan an gama kaka, ya zo ya zauna a kan buhuna ya jira har masu saye suka sarara, sannan ya ce:

"Sallau, kes ta ce tana ba ni jikka ɗari tara in sayi wake in aje. Wata biyar ɗai, in ya yi kuɗɗi in saida in biya su. Amma sun ce sai na zo da mutum mai takardar gona shi tsaya mini."

Kes ita ce gidan ba da bashi da ke Mayahi, inda ƴan kasuwa ke ajiya suna kuma karɓar rance. Jikka kuwa a wajenmu sefa dubu ce. Na ce masa:

"To, duk hwaɗin garin ga, ni ɗai ka gani?"

"Kai ɗai sunka yarda da kai. Da na ambaci sunanka, babban nasu cewa ya yi: wanga ma'aunin da ba shi danne tiya? Kawo shi, ba mu bukatar kowa."

Ban sani ba ko babban nasu ya faɗi haka ko Nomau ne ya shirya ta a hanya. Abin da na sani, maganar ta shige ni har ƙashi. Shekara ashirin ina awo ban taɓa sa babban yatsa a cikin tiya ba, ga shi yau har ofis an san da zamana. Na yi ta jujjuya ta a raina ina jin daɗi. Abokan wasana da ke cewa son yabo ya kai ni, a nan sun harba daidai.

Ban gaya wa innarku ba, ban gaya wa Hure ba. Na gaya wa kaina cewa wata biyar ba komai ba ne, takarda za ta je ta dawo babu wanda ya ji. Da safe na sa ta a aljihu muka hau babur sai Mayahi. Wata yarinya ce ta karɓe mu a ofishin, ba za ta wuce sa'ar Rabi ta yanzu ba. Da ta ga ban iya sa hannu ba sai dangwale, ta ce a kira mutum biyu su zama shaida. Aka kira mai gadin ƙofa da wani mai shayi da ke bakin hanya. Ta karanta takardar da Faransanci, sannan ta bi ta a hankali da Hausa. Ina so ku riƙe wannan, domin a kansa komai ya tsaya daga baya: yarinyar nan ba ta ɓoye mini komai ba. Da ta gama ta dube ni ta ce:

"Baba, ka gane ko? In shi bai biya ba, kai za a biyo, kuma gonar ga tana ciki."

"Na gane, ɗiyata."

"Gonar taka ce kai ɗai? Ba wanda ke da rabo ciki?"

Na yi murmushi irin na manya, na nuna mata takardar da yatsa na ce:

"Sunan wa kika gani bisa?"

Ta duba sunan. Ta turo mini tawada na dangwala. Ban yi ƙarya da bakina ba, haka na riƙa lallashin kaina a hanyar dawowa. Amma na san abin da ta tambaya, na kuma san abin da na bar ta ta ɗauka.

Waken Nomau bai yi albarka ba. Ƙwari suka shiga rabin buhunan, ragowar kuma da lokacin sayarwa ya yi, kasuwar kudu ta karye. Na ji ƙishin-ƙishin a rumfa, na tambaye shi sau ɗaya, ya ce in kwantar da hankalina, yana biya kaɗan kaɗan. Kafin damana ta faɗi aka ce ya bi masu haƙar zinariya arewa. Ya kira ni sau biyu a waya, daga nan lambar ta daina shiga. Kes kuwa shiru, ba takarda, ba aike, har aka yi kaka, aka shiga rani, shekara ta zagayo ta ɗora. Da ina da hankali da na je na tambaya. Amma shirun ya yi mini daɗi, sai na bar shi yadda yake.

Ranar da abin ya fashe, ruwan shuka ne ya sauka, gari duk ya watse gonaki. Ina saran rami da sungumi a ɓangarena, Hure tana can arewa tana zuba iri tana rufewa da diddige. Sai ga babur ya ratso ta cikin gona da mutum biyu. Ɗayan ya ce shi wisiye ne, wato ma'aikacin shari'a da ke kai takardar gargaɗi yana kuma kama kayan wanda ake bi bashi. Ya yi sallama da ladabi, ya tambayi sunana, ya karanta mini abin da ya kawo. Bashin ya tashi daga jikka ɗari tara ya koma miliyan ɗaya da jikka ɗari huɗu, saboda riba da tarar jinkiri. An ba ni kwana ashirin. In ban biya ba, za a kama hanyar sayar da Gonar Gawo. Yana karatu, abokin tafiyarsa yana bin iyakar gonar yana dubawa yana rubutu, har ya isa inda Hure take. Da suka tafi ta zo da ƙwaryar irinta a hannu ta tsaya gabana. Na gaya mata duka, ban rage komai ba, domin babu sauran abin ragewa. Ta saurara har na gama, sannan ta ce:

"Yaya, har da inda nike shuka?"

"Har da nan."

Na yi tsammanin kuka ko faɗa, na ma shirya wa ko wanne. Sai ta juya ta koma kan layinta, ta ci gaba da zuba iri tana rufewa har ta kai ƙarshen gona. Ban taɓa jin kunya irin ta wannan yini ba.

Innarku ce ta yi faɗan da Hure ba ta yi ba. Kwana uku ana jin muryarta har gidan maƙwabta. Ta ce ta zauna da ni shekara da shekaru tana zaton da mutum mai tunani take zaune. Ta ce in da akuyarta na ɗauka na ba Nomau da ta haƙura, amma abincin marayu? Duk abin da ta faɗa kuwa haka yake. A rana ta huɗu ta ajiye mini fura ta ce, da murya ƙasa ƙasa, akwai wani Mushe Lawali a Mayahi, Mushe irin yadda muke kiran ma'aikatan boko, tsohon magatakardan kotu ne da ya yi ritaya, yana zama ƙarƙashin itacen dogon yaro kusa da tasha yana duba wa mutane takardu. Ta ce in tashi in je, zaman tagumi ba ya biyan kowa.

Mushe Lawali ɗan siririn tsoho ne mai tabarau ɗaure da zare. Ya karɓi takardun ya yi ta karantawa yana tauna goro, har na fara zaton ya manta da ni. Can ya ce:

"Da abokin naka ya daina biya, sun aiko maka?"

"Ko sau ɗaya."

"To ka ga na hwarko. Wanda ya tsaya wa wani ba jaki ba na, da za a yi ta labta mishi kaya bai sani ba. Doka ta ce su hwara neman mai bashin, in ya kasa su sanar da kai da wuri. Tarar da ta taru suna shiru, ba kai za ka ɗauke ta ba. Kuma abin da anka rubuta ka tsaya a kai, shi na iyakarka. Shi Nomau ba ya da komi nan?"

Na ce akwai tsohuwar motarsa a gidan ƙanensa, da sauran buhuna a sito. Ya rubuta. Sannan ya tambayi asalin gonar, na gaya masa ta gado ce, mu biyu, ba a raba ba. Ya cire tabarau ya dube ni da kyau.

"Kuma ka ba da ita kamar taka kai ɗai?"

"Haka na yi."

"Allah shi kyauta. To, gadon da ba a raba ba, ba a saida shi don bashin mutum guda. Rabon ƙanwarka ba ya cikin maganag ga. Amma alƙali takarda shika gani, takarda kuwa sunanka ta ce. Sai ƙanwarka ta zo, mai gari ya zo, kai kuma ka tsaya gaban mutane ka ce ka ɓoye. Ko da hakan, naka rabon yana nan cikin hatsari in ba ka biya ba."

Tunanina ya tafi rumfar kasuwa da bakin mutane. Ya ga haka, sai ya matso ya rage murya. Ya ce akwai wata ƙofar. Doka ta ce wanda bai iya rubutu ba, sai an fassara masa abin da zai dangwala a gaban shaidu biyu. Shi ya san mai gadin nan ya rasu bara, mai shayin ya koma ƙasarsu, yarinyar ma an mai da ita wani gari. In na ce ba a fassara mini komai ba, tura mini tawada kawai aka yi, mai yiwuwa ne lamunin ya faɗi gaba ɗaya. Ba biya, ba tonon asiri, gona ta zauna yadda take.

"Amma an hwassara mini, Mushe."

"Ni ban tambaye ka ba. Ƙohohi nike nuna maka, kai ka shiga."

Ba zan ɓoye muku ba, ƙofar nan ta yi mini kyau. Na kwana biyu ina yawo da ita a kai. Na gaya wa kaina ai ba don ni ba ne, don Hure ne da marayunta. Na ce kes gida ce mai kuɗi, jikka ɗari tara ba za ta girgiza ta ba. Da na gaya wa innarku, ta ce me nake jira, wa ya gan ni, wa ya ji ni? Daga ƙarshe na tafi wajen Hure, na same ta tana surfe. A raina ina so ta ce in yi, don in samu wanda zan raba nauyin da shi. Na zayyana mata ƙofofin biyu. Ta jingine taɓarya ta share goshi ta ce:

"Yaya, ranar da ka ɗauki takarda ba ka tambaye ni ba. Yau ma yanke abinka. Ni dai in an kira ni, abin da na sani shi za ni hwaɗi."

Ta ɗauki taɓaryarta ta ci gaba. Na tsaya kaɗan kamar mai jiran ƙari, ban samu ba, na fito.

A hanyar gida na gane abin da nake shirin yi. Na riga na yaudari yarinyar nan sau ɗaya da murmushi, yanzu kuma zan je in ɗora mata laifin da ba ta yi ba, a inda ba ta nan balle ta kare kanta. Wataƙila aikinta ya tafi a kan maganata. In kuma aka ce in dafa Alƙur'ani, me zan yi? Ba jarumta ba ce ta hana ni, kada ku ƙara mini abin da ba ni da shi. Tsoro ne, na Allah da na kaina. Washegari na koma wajen Mushe Lawali na ce ya rubuta wa alƙali takardar kukana, amma ta gaskiyar. Ya ce to, haka ya fi tsada, amma ana barci a kansa.

Ranar shari'a muka tafi mu huɗu, ni da Hure da mai gari da liman. Ranar kasuwar Mayahi ce, saboda haka ɗakin ya cika da mutanen da suka san ni, har da waɗanda na sha yi wa wa'azin cika mudu. Alƙalin mutum ne mai sanyin magana, yana yi da Faransanci tafinta yana juyawa. Ya tambaye ni ko an bayyana mini abin da na dangwala. Na ce an bayyana, dalla dalla. Na ga wakilin kes ya ɗaga kai ya dube ni, ina jin ya zo da shirin gardama a kan wannan. Sai alƙali ya ce, to gonar fa, ta wa ce? Na ce ta mahaifinmu ce, ni da ƙanwata, ba a raba ba.

"An tambaye ka haka a lokacin?"

"An tambaye ni."

"Mi ka ce?"

"Na nuna musu sunana bisa takarda, na bar su da zatonsu."

Wani ya yi tsaki a bayana, na kuwa gane muryar. Mai gari ya tashi ya ba da shaida, liman ya ba da tasa. Aka kira Hure. Ta faɗi shekarun da ta yi tana noman ɓangaren arewa, da yadda aka yi aka sa sunana. Alƙali ya tambaye ta ko tana da ƙara a kaina. Ta ce ba ta zo ƙarar kowa ba, gonar ubanta ta zo faɗi.

Bayan mako biyu aka yanke. Ba za a sayar da Gonar Gawo ba, rabon Hure kuma babu ruwansa da bashin. Tarar da ta taru a lokacin da kes ta yi shiru an zubar da ita. Motar Nomau da buhunansa aka kama aka sayar, aka rage jikka ɗari biyu daga bashin. Abin da ya saura yana wuyana, an ba ni shekara ɗaya. In na kasa, kes tana da ikon neman a raba gonar a sayar da nawa kason. Alƙali ya ƙara da cewa duk abin da na biya, ina da hakkin in bi Nomau da shi har gaban shari'a.

Shekarar nan ta yi tsawo. Na sayar da shanun huɗa biyu da amalanke, na koma noma da hannu kamar yadda na fara. Innarku ta fito da tumakinta uku ba tare da na roƙa ba, ta ce kada in kuskura in yi mata godiya. Sani, shekarar da ka zauna gida ba ka koma Maradi ba, na ce maka kasuwa ce ta yi sanyi. Ba kasuwa ba ce, ni ne. Ka yafe mini. A rumfa kuwa masu kawo mini awo suka ragu na ɗan lokaci, abokan wasa suka samu abin yi. In na cika tiya sai wani ya ce, "Sallau, wagga taka ce kai ɗai ko da mai rabo ciki?" Nakan yi dariya tare da su, don ban ga abin da ya fi haka ba.

Zancen Nomau bari in gama shi a nan. Ya dawo bayan shekara uku, ya rame, dariyar nan duk ta tafi. Ya zo ya durƙusa a zaurena. Ban kai shi ƙara ba, ban kuma ce na yafe kuɗin ba, domin ba nawa ne ni kaɗai ba, akwai tumakin innarku da shekarar Sani a ciki. Na nuna masa takardar alƙali na ce ga abin da doka ta ba ni, amma na fi so ya kawo da ƙafarsa. Kowace kaka yakan kawo abin da ya samu. Har ya rasu bai gama ba, ragowar na yafe a bakin kabarinsa. Kada wani cikinku ya je wa ƴaƴansa da wannan magana.

Saura kwana tara wa'adi ya cika na kai kuɗin ƙarshe. Aka ba ni takardar shaidar biya, aka mayar mini da takardar gona. Daga tasha ban biya ta gidana ba, kai tsaye na nufi wajen Hure, ina tafe ina jin kamar an sauke mini dami daga ka. Na same ta tana tsince wake a faifai. Na ajiye takardun a gabanta na ce ga gonarmu ta dawo, komai ya wuce. Ta yi hamdala, ta sa mini albarka, har ta tashi ta kawo mini ruwa. Sai da na sha na ajiye kwanon ta ce:

"To, Yaya, ran Juma'a in an sauko, ka kira mai gari da liman. A zo da igiya."

Na gane, amma na yi kamar ban gane ba. Na ce igiyar me?

"Ta awo. A hidda mini nawa."

"Hure, bayan duk abin ga? Mi mutane za su ce?"

"Su ce abin da sunka ga dama. Ni ban yi hushi da kai ba, Yaya, Allah na gani. Kai mutum na mai jin daɗin a roƙe ka, kuma gobe ma wani na zuwa. Ni ko ɗiya huɗu gare ni."

Na san waɗansunku sun taso suna jin ana cewa gwaggonku ce ta raba gidanmu, har kuna yi wa ƴaƴanta wani gani gani. Ku daina. Ba ta nemi ko taki ɗaya da ba nata ba, kuma ta jira sai da na fita daga ramin kafin ta yi magana. Da ta so, tun a gaban alƙali za ta nema, a lokacin da ba ni da bakin musu.

Ran Juma'a aka ja igiya daga gindin babban gawo zuwa hanyar shanu. Liman ya yi lissafi, kashi biyu nawa, ɗaya nata. Ni da hannuna na bi layin ina dasa ciyawar gamba don iyaka, ita tana biye tana zuba ruwa. Bayan wata guda muka je ofishin masu rubuta gonaki aka yi mata takarda da sunanta. Ta sa aka karanta mata sau biyu kafin ta dangwala. Da ma'aikacin ya buga hatimi ya ɗago takardar, sai na ga hannuna ya riga ya miƙe, kamar yadda ya saba karɓar duk wata takarda ta gidanmu tun rasuwar mahaifinmu. Hure ta riga ni.

"Bari, Yaya. Wagga ni za ni aje ta."

Ta ninke ta huɗu, ta ƙulle a bakin zanenta. Na mai da hannuna aljihu. Muka kamo hanyar tasha, tana bayana kamar kullum, tana tambayata ko ciwon gwiwar nan ya yi sauƙi.